Kaji biyar ƙasa da babu: saƙo ga taubashina na Mada

Ɗan kawu, gaisuwa irin ta wanda ya fi ka. Labari ya iske ni a Gusau cewa ka zama malamin lissafi a bakin kasuwar Mada, har kana tara yara kana yi musu kacici-kacici. An ce ka ce a gidanka akwai awaki da kaji, kawuna 20, ƙafafu 90, a faɗi awaki nawa, kaji nawa. Yara suka yi ta zane a ƙasa da tsinke har la'asar sakaliya, kai kuwa kana kishingiɗe kan buhun wake, goro a kumatu, kana cewa boko ta lalace.

To, na yi maka aikin. Da duka kawunan nan na kaji ne, ƙafafu 40 za a samu. Duk kazar da aka cire aka sa akuya, ƙafa biyu ta ƙaru. Daga 40 zuwa 90 saura 50, ke nan awaki 25. Amma kawuna 20 ka ce. Saboda haka kajinka biyar ne ƙasa da babu. Lissafi bai ƙaryata ka ba, asirinka ya tona: ana bin ka kaji biyar, kuma ina jin na san mai su. Da 56 ka ce, da awaki 8 da kaji 12 sun fito sumul, yara sun tafi gida da wuri.

Bari in koya maka abin da ɗan sakandare yake haddacewa kafin jarrabawar WAEC, tunda lokacin da muke aji kai kana tasha. In akwai adadi biyu da aka ɓoye, aka yi magana ɗaya a kansu irin taka ta kawuna ko ta ƙafafu, ana iya zana maganar a takarda ta zama miƙaƙƙen layi, kowane ɗigo a kansa amsa ce da ta yi daidai. In aka ƙara magana ta biyu, layi ya zama biyu. Ko dai su gamu a wuri ɗaya, amsa ɗaya tak; ko su yi ta tafiya kafaɗa da kafaɗa ba gamuwa, babu amsa; ko ɗaya ya kwanta kan ɗaya, amsoshi ba iyaka. Na huɗu babu. Ba za ka taɓa samun amsa biyu cak ba, domin miƙaƙƙun layuka in sun gamu a wuri biyu, to dama layi ɗaya ne. Abin da ya ba ni mamaki shi ne kai kaɗai ka tara duka ukun a safara guda.

Ka tuna kayan da ka ɗauko zuwa Gusau bayan kaka? Na tambaye ka wake nawa, dawa nawa, ka ce buhu 30 ne gaba ɗaya. Na sake tambaya, ka gyara hula ka ce ai da ka ninka kayan da buhu 60 ne. Kana jin ka ba ni amsa biyu, alhali maganar farko ce ka sa mata babbar riga. Wake 1 dawa 29 ya yi, wake 15 dawa 15 ya yi. In cikakkun buhuna ake nufi, hanya 31 ce. In an yarda da rabin buhu da tiya da ɗan abin da ya zube a mota, sai dai a yi ta ƙirga har a gaji. Wannan layin kake hawa duk ranar da ka hango mai bin ka bashi.

A tasha kuma ka rantse wa direba buhu 25 ne, don kuɗin mota ya sauka. Jimla 30 a majalisa, jimla 25 a tasha, kaya ɗaya. Waɗannan maganganu naka kamar ƙarafan dogon da ya taso daga Zariya ya ratsa Tsafe da Gusau ya nufi Ƙaura Namoda suke: ko ka bi su da ƙafa har ƙarshe ba za ka ga inda suka haɗu ba. Babu waken, babu dawar da za su gaskata ka sau biyu. Na san za ka ce “Aradu ban hwaɗi ƙarya ba.” Ban ce ka yi ba. Na ce dai ɗalibin da ya samu wannan a jarrabawa, abin da zai rubuta shi ne babu amsa, kuma a ba shi maki cikakke.

Allah ya yi wa yaron shagonka albarka, shi ya fitar da ni. Ya ce wake ya fi dawa da buhu 6. Nan take layi ya gitta layi: wake 18, dawa 12. Kada ka kore shi.

Kuma ka daina cewa wannan ilimin Nasara ne don ka samu hanyar gudu. Muhammad bin Musa al-Khawarizmi ya rubuta littafinsa na aljabara a Bagadaza wajen shekarar 820, zamanin Halifa Ma'amun, kuma babban kaso na littafin a kan rabon gado da wasiyya yake, wato irin zaman da kake sulalewa in an zo maganar gonar kaka. Sinawa sun riga shi da ƙarnuka. A wani tsohon littafinsu mai babi tara, babi na takwas ya buɗe da dammunan hatsi iri uku, mai kyau da matsakaici da na baya, aka ba da awo uku, 39 da 34 da 26, ana neman abin da kowane dami ke fitarwa. Da 'yan sanduna suke jera adadin a kan allo, suna rage wannan layi daga wancan har ɓoyayyen adadi ɗaya ya rage shi kaɗai. Dabarar ce yau ake kira da sunan Gauss, Bajamushen da aka haifa a 1777, kuma da ita kwamfuta ke warware dubban irin waɗannan a ƙiftawar ido. Ka lura, hatsi uku, awo uku. Ranar da ka ƙara gero a kan wake da dawa, sai an samo shaidu uku da ba su haɗa baki ba, wanda a wurinka sai an je har Bunguɗu nema.

Saura kuɗin shara. Na ji kana gaya wa Inna cewa abin da ka ba ni bara da wanda za ka ba ni a Cika-cikin bana, in an haɗa, naira dubu goma ne. Ka yi wayo, magana ɗaya, adadi biyu a ɓoye, ka bar wa kanka fili. To ga ta biyu daga bakina, kuma Inna shaida ce: bara ko sisi ban gani ba. Ka yi ragin da kanka. Ka aiko da su ta hannun direban nan, in har ya yarda ya sake ɗaukar saƙonka, kuma kajin mutane biyar ba sa cikin wannan lissafi.