Yadda Za Ka Sauya Tsananin Wasa a Sabar Minecraft Zumunci Bai Taɓu Ba

Duk wanda Allah ya ɗora wa riƙon sabar Minecraft ya zama mai unguwa, ko da rawani ko babu. Saba ita ce kwamfutar da ke riƙe da duniyar da kowa yake shiga ta intanet ya yi gini, ya yi noma, ya haƙi ma'adinai, kuma wanda mukullinta yake hannunsa shi ake kai wa ƙara. Wane ya sare mini bishiya, wane ya kora mini tumaki, wance ta kafa bango a filina. Duk waɗannan ana sasanta su kafin shayi ya huce. Ƙarar da ke kwana ita ce ta tsananin wasa: wannan ya ce dodanni sun hana shi sakat, a rage, wancan ya ce wasa ya zama lami, a ƙara gishiri.

Ni ke riƙe da ta gidanmu. Mu goma sha ɗaya ne, ƙanne da 'ya'yan yayye da abokai biyu, wasu a kwamfuta, wasu a waya ta wata gada da ake kira Geyser. Ina son mutanen nan, ina kuma son duniyar da muka gina tare, shi ya sa nake ɗaukar maganar da muhimmanci.

Fara da sanin inda gizo yake saƙa. Markus Persson, ɗan ƙasar Suwidin, shi ya fito da wasan nan a 2009, Microsoft ya sayi kamfaninsa na Mojang a 2014 kan dala biliyan 2.5, zuwa 2023 kuma an sayar da kwafi sama da miliyan 300. Duk da wannan bunƙasa, ba a ware wa kowane ɗan wasa nasa ma'aunin tsanani a cikin saba ba. Tukunya ɗaya ce. In ka ƙara yaji don yayanka, autar gida ma da miyar za ta ci tuwo.

Matakan huɗu ne, kuma da Turanci za ka rubuta su, don na'urar ba ta fara jin Hausa ba tukuna: peaceful, easy, normal, hard. Wato zaman lafiya, sauƙi, matsakaici, da tsanani. In kana son gane halin kowanne, dubi yadda yunwa take yi a cikinsa. A easy, idan guzuri ya ƙare, yunwa za ta cinye biyar cikin zukatanka goma ta tsaya, kamar mai bin bashi da ke jin kunyar surukai. A normal sai ta bar ka da rabin zuciya tal, kana sanɗa zuwa gida kana addu'ar kada ka zame daga tudu. A hard ba ta san kunya ba, ranka take ɗauka. Gizo-gizon kogo ba shi da dafi a easy, a normal dafinsa na yin daƙiƙa 7, a hard 15. Maharan da ke afka wa ƙauye suna zuwa rukuni 3 a easy, 5 a normal, 7 a hard. A hard ɗin ne kuma wasu zombi suke fasa ƙofar katako su shigo ba sallama, kuma in ka doki ɗaya yana iya kiran 'yan'uwansa, kamar wanda ya taɓa ɗan gidan yawa.

To, kada ka ɗauka duk mai roƙon hard jarumi ne. Wani ɗan kasuwa ne, lissafi yake yi. Idan zombi ya kashe mutumin ƙauye a easy, ya mutu ke nan. A normal, rabi da rabi ne: ko ya mutu ko ya rikiɗe ya zama zombi. A hard kuwa dole ya rikiɗe. Wanda ya rikiɗe ana warkar da shi, a watsa masa maganin raunana jiki a ba shi tuffar zinariya, in ya warke sai ya riƙa yi wa likitansa ragi a duk cinikin da za su yi. Saboda haka idan ƙanenka ya zo yana bugun ƙirji yana cewa, "Yaya, mu fa maza ne, a kai mu hard," ka leƙa bayan gidansa. Za ka tarar ya killace mutanen ƙauye takwas a rumfa, ya tanadi tuffa, yana jiran farashin littattafan tsafi ya faɗi. Ba laifi ya yi ba, dabara ce mai kyau, amma ya faɗe ta a fili kowa ya ji.

Abin da mutane ba su zato shi ne, mataki mafi ɓarna in an taɓa shi ba shawara shi ne peaceful. A nan yunwa ba ta kama kowa, rauni na warkewa nan da nan, dodanni kuma suna ɓacewa kamar an share su da tsintsiya. Da daɗin ji. Sai dai tsintsiyar ba ta tambayar wane dodo ne na daji, wane ne na gida.

Ɗan yayata ya shafe yammaci biyu yana lallaɓa wani zombi ya shiga kwalekwale, ya ja shi har gonarsa ta ƙarfe, ya maƙala masa alamar suna don kada ya ɓace. Aikin zombin nan shi ne ya tsaya yana tsorata mutanen ƙauye, su kuma tsoro ya sa su riƙa fito da dogaran ƙarfe, daga nan ƙarfen da dukanmu muke ƙera kaya da shi yake fitowa. Ran nan wani daga cikinmu da na ba izinin umarni ya maƙale a kogo, gaba kura baya sayaki, sai ya mayar da saba peaceful na minti ɗaya don ya tsira. Ya tsira kuwa. Da safe sai ga kira: "Kawu, zombina ba ya nan." Muryar yaron nan ta taɓa mini zuciya. Alamar suna tana hana dodo ɓacewa a kowane hali, ban da peaceful. Muka fita mu huɗu da dare muka kamo wani, wanda ya yi ɓarnar shi ya ja kwalekwalen.

Ban da haka ma, zama a peaceful yana tsayar da ci gaba. Babu kirifa, dodon nan mai fashewa, babu albarushin da ake samu a jikinsa. Babu dodannin wuta na duniyar ƙarƙashi, babu sandunan da ake buƙata don haɗa magani da neman ƙofar macijin ƙarshe. Ya dace da wanda gini kawai ya kawo shi.

Yanzu ga aikin kansa, wanda bai kai dafa shayi daɗewa ba. Ba a fafe gora ranar tafiya, don haka ka fara kwafe jakar da ake kira world ka adana a wani wuri. Sannan ka sanar a zauren WhatsApp na gida, da rana da lokaci, ka ba mutane kwana ɗaya su fito daga kogo, su kafa fitilu, su sauya ƙofar katako da ta ƙarfe. In lokaci ya yi, rubuta stop a allon umarnin saba don ta adana komai ta kwanta da kanta. Kada ka zare mata waya. Buɗe fayil ɗin server.properties, nemi layin da ya fara da difficulty. A sabuwar saba za ka tarar an rubuta difficulty=easy. Goge kalmar ƙarshe, rubuta wadda aka amince, adana, tada saba. In tsohuwar saba ce ta kafin fitowar 1.14 ta 2019, lamba za ka gani: 0 zaman lafiya, 1 sauƙi, 2 matsakaici, 3 tsanani. Wanda yake hayar saba a wurin kamfani zai ga zaɓin a shafin saituna, dannawa ce kawai.

Akwai gajeriyar hanya: mai izini ya rubuta /difficulty hard a cikin wasa, nan take ta sauya. Amma a sabar Java, wato nau'in wasan na kwamfuta, wannan kamar rubutu ne a allo, da an sake tada na'ura sai a wanke, ta koma abin da ke cikin fayil. Mutane da yawa sun zargi 'yan'uwansu da yi musu sauyi a ɓoye, alhali wuta ce aka ɗauke, saba ta tashi ta karanta fayil ɗinta. Kafin ka kira taron dangi, rubuta /difficulty kaɗai, za ta gaya maka inda take. Izinin nan kuma da umarnin op ake ba da shi, da deop ake karɓewa. Ka ba wanda ba ya firgita a cikin duhu.

Ga wani abin da ya kamata mai unguwa a ƙasarmu ya sa a ma'auni: ba kowa ke da intanet mai ƙarfi ba. Ƙanwata da ke wasa a waya, in sabis ya yi nauyi, hoto yakan tsaya mata cak, alhali a cikin saba dodanni ba su tsaya ba. Kirifa ba ya wuce daƙiƙa ɗaya da rabi daga hucinsa zuwa fashewa. Kafin hoto ya dawo mata an gama. Kayanta sun zube, kuma kayan da suka zube minti biyar suke yi su ɓace in akwai mai wasa a kusa. Wanda ke zaune gaban kwamfuta da wuta tsayayya, hard ɗinsa daban ne da hard ɗin mai lallaɓa datar ɗari biyar. Duk lokacin da aka ce mini wance ba ta iya wasa ba, nakan ce a ba ta irin layinku tukuna.

Shi ya sa sau da yawa maganin ba a layin tsanani yake ba. Saurari kukan da kyau. Mai cewa dodanni sun yi yawa, galibi asarar kaya ce take masa ciwo. Kunna masa dokar keep_inventory (a tsohuwar saba keepInventory) ta umarnin /gamerule, in ya mutu ya tashi da kayansa, sai ka ga ya daina ƙorafi. Mai kukan kirifa ya rusa masa ɗaki, akwai dokar mob_griefing (a tsohuwar saba mobGriefing) da ake kashewa, amma ka sani tana hana mutanen ƙauye noma da tsintar abinci, sai ka gyara wa magini ka ɓata wa manomi. Gara ka ba shi kyanwa, don kirifa na gudun kyanwa. Masu faɗa kan wanda ya ƙi kwanciya har dare ya ƙi wucewa, tun 2021 akwai dokar da ke rage yawan waɗanda sai sun yi barci kafin gari ya waye.

Layi ɗaya nake roƙonka ka bari yadda ka gan shi: hardcore=false. In ka mayar da shi true, tsanani zai kulle a hard, kuma duk wanda ya mutu ya zama ɗan kallo, yana yawo a duniyar yana ganin gidansa ba ya iya buɗe ko akwati. Abokai da suka shirya wa hakan su buɗe sabuwar duniya su gwada ƙwanjinsu. Ba a yi wa yaron da ya shekara yana gina masallaci da hasumiya haka.

Mu dai a gidanmu normal muka rubuta a fayil, kuma ita nake ba kowace saba ta dangi shawara. Daren Asabar, bayan sanarwa, nakan rubuta /difficulty hard, jarumai da 'yan kasuwa su sha shagalinsu, ƙanana su hau soro su yi kallo, da safe in sake tada saba ta koma matsakaici da kanta. Kai ma ka gwada haka. In kuma wani ya roƙe ka ka mayar da ita peaceful na minti ɗaya kacal, ka fara tambaya a zaure ko akwai mai zombi a cikin kwalekwale.