Ranar da Rariyar Shayi Ta Huje

A duk kayan da ke kan teburin mai shayi, daga Lausu zuwa cikin garin Rano har ka miƙa Kibiya, babu mai araha irin rariya, kuma babu wanda ake mantawa da shi irinta. Ana yabon madara, ana cinikin burodi, ana faɗa a kan sukari. Ita kuwa tana rataye a jikin ƙusa, ta yi baƙi ƙirin, ba mai ce mata sannu, sai ranar da ta huje wani ya kurɓi shayi kanumfari ya tsaya masa a maƙogwaro. Daga nan sai wurin ɗan koli. In kana son sanin halin mutanen garinku, nemi benci kusa da shi ka zauna. Wajen sayen saniya ko babur kowa yakan kame kansa ya yi abin manya. A kan abin da kuɗinsa bai kai na shayi mai kauri da ƙwai biyu ba ne mutum ke sakin jiki.

Cikin masu zuwa sayen rariya, wanda ya fi yawa shi ne mai awo da yatsu. Kafin ya bar gida ya kai hannu bakin kofin silba, ya buɗe babban yatsa da manuni ya ɗauki faɗinsa, sannan ya hau bayan ɗan acaɓa hannu a sama, yana riƙe da awon. A hanya sun faɗa rami, ya damƙi kafaɗar mai babur. A bakin tasha ya hangi surukinsa, ya sauka ya durƙusa har da dafa ƙasa. Ya laluba aljihu ya biya kuɗin acaɓa, ya ƙirga canji. Bayan duk wannan sai ya tsaya gaban ɗan koli ya sake buɗe yatsun nan, fuska ba wasa, ya ce, "Malam, daidai haka nake so, kada ta ƙaru kada ta ragu." Ɗan koli ya san labarin, amma ba ya musu da mai kuɗi a hannu. In an je gida, ko dai rariyar ta zurma cikin kofin har mariƙinta, ko ta zauna a kansa kamar malafa a kan jinjiri. Laifin kuma ba na yatsu ba ne. "'Yan kamfanin nan ba sa tsoron Allah, kullum sai sun sauya girman kaya."

Sai dattijo mai tsohuwar rariya. Shi yana zuwa da tasa, a naɗe cikin hankici, ya warware ta a hankali a gaban jama'a. Ya ce a Kasuwar Kurmi ya saye ta, zamanin Shagari, lokacin Abubakar Rimi yana gwamna, wato wani lokaci tsakanin 1979 da 1983, kuma tun daga ranar ba a sake yin ƙarfe irin wannan ba. In ka matsa kusa za ka ga ragar an ɗinke ta da zaren buhu, mariƙin kuwa wayar keke ce aka murɗa. Ka ɗan ja shi da hira, zai gaya maka da bakinsa cewa an sauya zoben shekarar da aka yi fari, ragar kuma maƙeri ya sake ta ba sau ɗaya ba. Wato babu ko ƙwayar ƙarfe ɗaya ta zamanin Shagari da ta rage a jikinta. Kada ka kuskura ka faɗa masa haka. Ɗan koli zai jera masa duk abin da yake da shi, "Baba, duba wannan, ba ta tsatsa." Baba zai ɗaga kowace ya ɗan lanƙwasa ta da yatsa, ya girgiza kai, ya naɗe tasa ya mayar aljihu. Ai ba saye ya kawo shi ba, wa'azi ya zo yi a kan lalacewar zamani, kuma ya yi.

Mai neman araha ba ya ɗaukar lokacinmu, sai dai na ɗan koli. Zai yi rabin sa'a yana ciniki, ya tafi ya dawo, ya rantse a Bunkure ya ga irinta rabin wannan kuɗin, a ƙarshe ya ɗauki ta roba mafi sirantaka a tire. Ranar farko da tafasasshen ruwa ya sauka a kanta sai ta yi laushi ta karkace baki. Mako mai zuwa ga shi ya dawo, da cinikin, da rantsuwar Bunkuren. Araha ba ta ado, amma shi ba ado yake nema ba, daɗin cin nasara a ciniki yake saye.

Akwai kuma wadda ba ta zuwa kasuwar da kanta, amma ita ce mai iko a kan cinikin: uwargida. Wakilinta yaro ne ɗan shekara 8 da kuɗi a dunƙule a hannu da saƙo a baki, wanda rabinsa ya zube wurin kallon 'yan ƙwallo. "Wai in ji Umma a ba ni rariya." Wace iri? "Ta ce mai kyau." A ba shi ta shayi, ya dawo, an ce ta yi ƙanƙanta. A ba shi babba, ya dawo, an ce idonta ya yi faɗi. A zuwa na uku ne ake gano cewa Umma so take rariya ɗaya ta tace shayin maigida da safe, ta tace tsamiya da hantsi, zoɓo da azahar, markaɗen tattasai da yamma, in hali ya yi har gasarar koko. Ni ba na ganin laifinta, domin kuɗin cefane ba ya haihuwa. Amma wannan ne dalilin da ya sa maigida yakan kurɓi shayi ya yi shiru, yana jin wani ɗanɗano da ya san ya taɓa gamuwa da shi a miyar jiya, ya rasa yadda zai tambaya ba tare da an ce ya raina girki ba.

Uwar amarya ita ba ruwanta da ido ko faɗi. Launi take bi. In kwanukan ruwan hoda ne, to rariya ma ruwan hoda, saiti uku, babba da matsakaiciya da ƙarama. Za a jera su a kabad ranar jere, 'yan ganin ɗaki su yaba, kuma ruwan zafi ba zai taɓa su ba har a yi suna.

Duk cikin masu zuwa, mai shayi ne kaɗai nake cire wa hula. Kalli yadda yake yi. Ba ya tambayar kuɗi tukuna. Zai ɗaga rariyar saitin rana ya kanne ido ɗaya, ya ga ko idanun ragar sun yi daidai da juna ko akwai inda suka buɗe. Zai bi bakin zoben da farce, domin ya san ba a tsakiya rariya ke mutuwa ba, a wurin da raga ta haɗu da zobe take fara ɓallewa, saboda nan ne take shan wahala duk lokacin da aka buga ta a gefen bokiti don zubar da tuka. Zai ja mariƙin ya ji ko walda ce ko matsewa kawai aka yi. Zai duba ko tana da ɗan kunne a ɗaya gefen da zai hau bakin kofi, don hannunsa na hagu yana da aikin yi, ba zai tsaya riƙon rariya ba. Ya san kuma abin da yake dafawa. Garin ganye irin wanda ake farke jakar Lipton a zuba, ko Highland da ake nomawa a tsaunin Mambila, yana son raga mai ƙananan ido, in ba haka ba ƙasan kofi ya yi laka. Dakakkiyar citta da masoro da kimba kuwa toshe irin wannan ragar suke yi, shayi ya tsaya yana ɗiga mutum 6 suna jira a benci. Shi ya sa za ka ga ya sayi biyu, ko ya haɗa da ƙyallen tata. In ya gama duk wannan sai ya ce, "Malam, nawa za ka bar mini?" Ɗan koli ba ya yi masa ƙarin kuɗi. Ba a yi wa irin wannan.

Ɗan ataya kuwa raina sana'ar gaba ɗaya yake yi. Ya taɓa zama a Maraɗi, ko dai ya taɓa zama da wanda ya zauna a can, don haka a wurinsa duk mai tace shayi da rariya bai san shayi ba. Nasa shayin ganyen Sin ne, ƙaramar buta a kan gawayi, a ɗaga hannu sama a tsiyayo cikin ɗan kofin gilashi har kumfa ta tashi, dahuwa uku, kowace da ɗanɗanonta. Yana da gaskiyarsa, domin ganyen nan yana buɗewa ya kwanta a cikin buta, ba ya bin ruwa sosai. Sai dai in kasuwa ta fara watsewa za ka gan shi ya zagayo ta baya yana rage murya, "Ba ni ƙarama ɗaya, ta iyali ce."

Yanzu ga sabon shiga, wanda ƙasar Autan Bawo, wato Rano, ba ta saba da irinsa ba. Ɗan gari ne, yana aiki a Abuja ko ya yi karatu a waje, ya zo hutun Sallah da injin gahawa irin na Italiya, wanda ake kira espresso. Ranar farko 'yan'uwa suka taru, aka tayar da janareta, domin injin yana jan wuta fiye da wat 1,000, ya yi gurnani, ya fitar da wani baƙin ruwa da bai fi cikin cokali uku ba. Kawu ya kurɓa ya ce, "Allah ya ba ka lafiya, ɗana, me ke damunka?" Kwana biyu sai ɗan kwandon ƙarfen da ake zuba garin gahawar a ciki ya ɓata. Daga baya an gan shi a madafa, ana auna yaji da shi, ya lotsa.

To wannan kwandon shi ne rariyar injin, kuma a nan ne mutuminmu ya fi kowa shan wuya, don abin nasa ba ya karɓar kintace. Ɗan kofi ne na ƙarfe mai ɗaruruwan huji ƙanana a ƙasa. Injin yana tura ruwan zafi ta cikin garin da matsin da ya ninka na iskar da muke shaƙa sau 9, cikin daƙiƙa 25 zuwa 30. In bakin kwandon ya kauce ko da kaɗan, ruwa ta gefe zai fita. Injinan shaguna yawanci milimita 58 ne, awon da ya bazu tun bayan injin Faema E61 na 1961. Yawancin na gida na Breville 54 ne, ƙananan De'Longhi da yawa kuma 51. Bayan faɗi akwai zurfi: mai ɗaukar giram 7 na kofi ɗaya, da mai ɗaukar 14 zuwa 18 na biyu. Akwai kuma mai bango biyu, wanda ciki huji ne rututu amma waje ɗaya tak, an yi shi don wanda ba shi da injin niƙa mai kyau, ya ba shi kumfa ko da garin bai yi laushin da ake so ba.

Da wannan karatun a ka yake isowa gaban ɗan koli a Rano, ya ce yana neman kwando milimita 58. Ɗan koli bai taɓa cewa "babu" ba a rayuwarsa. "Akwai, Yallaɓai." Ya miƙo masa rariyar shayi. Ya ce ba ita ba. Ya miƙo ta tankaɗe. Ya ce ƙarfe ce zalla, mai huji. Ya miƙo matsamin ƙosai.

Daidai nan ne ɗan ba da shawara ke shigowa. Wannan ba ya saye, ba ya sayarwa, amma ba a taɓa yin ciniki a gabansa bai sa baki ba. Ya karɓi waya ya dubi hoton, ya ce, "Haba Yallaɓai, wannan ne za ka aika har ƙasar waje? Akwai yaro nan baya, minti 10 ya ƙera maka." Su ɗunguma wurin maƙeri. Maƙeri ya juya lotsattsen kwandon, ya ɗauko ƙaramin gwangwanin tumatir wanda a ido faɗinsa ya yi daidai, ya yanke, ya huhhuda ƙasan da basilla, ya goge baki. Aikin ya yi kyau, ba ƙarya. Abin da maƙeri bai sani ba, kuma ɗan ba da shawara bai damu ya sani ba, shi ne matsin nan sau 9. Da aka kunna, gahawar ta fito ta ko'ina ban da ƙasa, kuma farar shaddar Sallah ce ta sha mafi yawa. Ya koma ya yi oda ta intanet, aka kawo Kano, ya bi ta Kura ya je ya karɓo. Mai 58 ya saya, don ita ce masana ke yabo. Injinsa 51 ne. Yanzu in ka je da safe za ka same shi a bencin mai shayi, yana cewa a sa masa Nescafé cokali biyu, kada a cika sukari, yana yi wa na kusa da shi bayanin yadda ake shan gahawa a Milan.

Na bar guda ɗaya don ƙarshe saboda shi ba ya zuwa wurin ɗan koli ko kaɗan, kuma shi ne sanadin zuwan rabin waɗanda na ambata. Mai aro. Kullum da asuba yaronsa na ƙofar maƙwabta, "Wai a ba mu aron rariya, yanzu za a dawo da ita." Ba a dawo da ita. In ka aika a karɓo, a ce wace, ai wannan tamu ce, tun bikin Yaya aka saye ta. Ka haƙura ka sayi sabuwa, washegari yaron ya dawo, wai waccan ta huje, a ba su sabuwar. Ku da kuka san da ku nake, daga Lausu har Tarai, don Allah ku duba jikin ƙusar madafarku yau. Wadda ba ku tuna ranar da kuka saye ta ba, ku wanke ta ku ba yaro ya mayar wa masu ita.