Bazazzagi Ya Dawo Daga Ƙauye

Bawana Bazazzagi, barka da sauka. Na so in bari gajiyar jirgi ta sake ka kafin in taɓa ka, amma abin da ka yi ranar Juma'a a zauren gidanmu ya ƙi barina in yi shiru. Tsohuwa ta leƙo ta ce, "A'a, mutanen Amurka ne? Sannunku da hanya." Maimakon ka durƙusa ka amsa gaisuwa, sai ka murtuke fuska kamar an kira ka ɓarawo, ka ce, "Hajiya, Kanada nake, ba Amurka ba." Ta ce to ai duk kanwar ja ce. Ka kwashe rabin sa'a kana zana mata taswira da ɗan yatsa a kan tabarma, furar da ta dama maka tana gefe ƙuda na zagaya ta.

Na gane ciwon. Shekara huɗu kacal ka yi a Toronto, amma ka kwaso babbar cutar mutanen can: ka tambayi ɗan Kanada ko shi wane ne, amsarsa ta farko ita ce shi ba Ba'amurke ba ne. Ban yi mamakin saurin kamuwarka ba, jininka ne ya dace da ita, don tun muna yara nake jin "mu ba Kanawa ba ne" a bakinka. Ka gudu daga inuwar Kano, ka faɗa ƙasar da ita ma a inuwar wani take zaune, wadda haruffa ukun farko na sunanta namu ne. Kuma ka san ma'anar sunan? Daga kalmar "kanata" ta 'yan asalin ƙasar ya fito, wato ƙauye. Bafaranshe Jacques Cartier ne ya ji ta a 1535, ya liƙa wa yankin duka. Ka sayar da gona, ka biya kuɗin jirgi, ka ƙetare teku, ka sauka a ƙauye.

Ka ce Turancinku daban ne da na Amurkawa. Na ce buɗe jakar mu gani. Ka fito da harafin "u" guda ɗaya da kuke cusawa a colour, wanda Noah Webster ya cire wa Amurkawa a ƙamus ɗinsa na 1828. Ka fito da harafin ƙarshe, ku "zed" irin na Ingila, su "zee". Sai wata "eh" da kuke rataya wa wutsiyar kowace magana kamar mai neman shaida. Shi ke nan kayan? Ko a rubutun ma ƙafa ɗaya kuke Landan, ɗaya Washington: tayar mota da rubutun Amurka kuke rubuta ta. A titi kilomita, amma a tambayi ɗan Kanada tsawonsa sai ya faɗa da ƙafa da inci. Ni da jimla ɗaya nake gano Bazazzagi, da zarar ya ce "matata ya tafi kasuwa". Wallahi tazarar da ke tsakanin Hausarka da tawa ta fi wadda ke tsakanin Turancin Toronto da na Chicago. Shi ya sa Jim Carrey da Justin Bieber suka shige Amurka suka saje, rabin duniya ba ta san baƙi ba ne.

Gaskiya ɗaya zan ba ka, don kada a ce Bakano ba ya adalci: Faransanci. Nan ne Kanada ta raba hanya da maƙwabciyarta da gaske. Tun 1969 doka ta ɗora shi kafaɗa da kafaɗa da Turanci a gwamnatin tarayya, kuma kusan mutum ɗaya cikin biyar da shi ya tashi. A 1977 lardin Kebek ya ƙara ɗaure tasa igiyar, har KFC mai soya kaji can sunansa PFK, allon tsayawa a mararraba kuwa "Arrêt" yake cewa. To amma kai me ka tsinta a ciki? Abin da ke rubuce a bayan kwalin madara. Ɗan Maraɗin da ke sayar da shayi a bakin layinmu ya yi maka jimla biyu, ka tsaya kana murmushi kana gyara hula. Su kuwa Amurkawa masu jin Sifaniyanci a gida sun haura miliyan 40, wato kusan yawan mutanen Kanada kaf, har da kai.

Abin da ka kasa gaya wa tsohuwa shi ne mutanen nan taubasai ne. Da aka gama yaƙin 'yancin Amurka a 1783, dubun-dubatar waɗanda suka ƙi juya wa Sarkin Ingila baya suka naɗe tabarma suka yi arewa, su ne suka zama ginshiƙin masu jin Turanci a Kanada. Gida ɗaya ne aka ja katanga. Sun taɓa ba hammata iska: a 1813 Amurkawa suka cinna wuta a garin York, wanda shi ne Toronto ɗinka ta yau, a 1814 aka rama a kan fadar White House. Har gobe 'yan Kanada na bugun ƙirji da wannan gobara, alhali sojan Ingila ne suka kunna ta. Halinku sak, a yi farauta ba ku, ku zo ɗaukar hoto da ƙahon.

Katangar kuma kilomita 8,891 ce, babu iyaka mai tsawonta a duniya, amma akwai inda ta zama zare. Tsakanin Derby Line ta jihar Vermont da Stanstead ta Kebek akwai wani ɗakin karatu da aka gina a kan iyakar da gangan. Baƙin layi ne aka ja a daɓe: babbar ƙofar shiga tana Amurka, yawancin littattafan suna Kanada. Mutum ya miƙa hannu ɗauko littafi, ya bar ƙasarsa.

Tsohon firaministanku Pierre Trudeau ya fi ka faɗin gaskiya. A 1969 ya gaya wa Amurkawa a Washington cewa maƙwabtaka da su tamkar kwana ne kusa da giwa, komai lafiyarta, in ta motsa sai ka ji a jikinka. Kai da ka girma a gefen tumbin giwa ai ba sai an fassara maka ba. Tsoron giwar nan ya sa aka wajabta wa gidajen rediyo cewa kashi 35 cikin ɗari na waƙoƙin zamani da suke sakawa su zama na gida. Wasan ƙwallon sanda na kan ƙanƙara kuwa, da kuke ɗauka gadon kaka, rabon da wata ƙungiyar Kanada ta ɗaga kofin Stanley tun 1993, har Florida mai zafi kamar Gashuwa ta ɗauke shi a 2024 da 2025, duka biyun a hannun Edmonton.

Abu ɗaya ka koyo da nake roƙon kada ka yar: ban haƙuri. Na ga mai kura ya take maka ƙafa a Kantin Kwari, kai ka ce masa "sori", har ya waiwayo ya duba ko lafiyarka ƙalau. An ce ku can ba ku da aiki sai ita, har lardin Ontario ya yi doka a 2009 cewa ba da haƙuri ba amsa laifi ba ne a shari'ar diyya. Madalla. Sai ka fara da tsohuwa, furarta ka bari ta lalace.

Sannan maganar kuɗin shara na shekara huɗu da ka gudu da su. Kada ka kawo mini kwabbanku masu hoton tsuntsun ruwa, na tambaya a Wapa an gaya mini yadda suke. Dalar maƙwabta nake so.