Wanda Ake Gogewa da Wanda Ake Bari

Ma'ajiyar kwamfuta, wato inda fayiloli da manhajoji suke zaune, ana auna ta ne da gigabait, wanda kowane ɗaya ya kai kimanin megabait 1,000. Kashin farko na wasan Doom da aka raba kyauta a 1993 bai kai megabait 3 ba a matse, amma zuwa 2020 Call of Duty: Modern Warfare ya haura gigabait 200, abin da ke nufin cewa a ma'ajiya mai gigabait 256 shi ne maigida, sauran kuma 'yan rakiya.

Idan ma'ajiya ta cika, mai kwamfuta yakan jera wasanninsa daga babba zuwa ƙarami, ya dubi ƙaton da ke sama, wanda rabonsa da buɗe shi tun bara, ya tsallake shi cikin ladabi, sannan ya sauka ƙasa ya goge wasan karta da hotunan bikin ƙanwarsa. A dandalin Steam, wasan da aka saya yana nan a asusun mai shi ko bayan gogewa, sai dai sake sauke shi yana cin kuɗin data da daren da ba a ɗauke wuta ba.