Dogo da Hankali Dace Ne, In Ji Ku

Tun da na ce zan yi rubutu kan wasan hoki na ƙanƙara wani abokina yake yi mini dariya. Ya ce, "Malam, mu da ƙanƙarar da muka sani ita ce ta cikin kular mai zoɓo, me ya haɗa mu da masu sulu a kanta?" Na san ba shi kaɗai ba ne, kuna da yawa, har ina jin tsakinku daga nan. To ku gyara zama, don yau labarin wani dogo zan ba ku, kuma ku ne kuke cewa dogo da hankali dace ne.

Sunansa Zdeno Chára, an haife shi a 1977 a garin Trenčín na ƙasar Sulobakiya. Tsawonsa mita 2 da santimita 6, nauyinsa ya haura kilo 110. Mahaifinsa ɗan kokawa ne, saboda haka ku masu cewa wasan ƙanƙara na 'yan gayu ne, ku fara da sanin gidan da ya fito. Yana yaro masu horarwa a garinsu suka dube shi sama da ƙasa, suka ce wannan zanƙalelen ba zai iya juyi a kan ƙanƙara ba, ya je ya nemi ƙwallon kwando. Kun ga ashe masu shakka ba a unguwarku kaɗai suke ba. Yaron ya ƙi ji. A 1996 ƙungiyar New York Islanders ta ɗauke shi, kuma sai da aka zaɓi mutum 55 kafin a kai gare shi.

Bari in yi muku bayanin aikinsa, don na ga wasunku sun fara hamma. Ɗan baya ne. A wannan wasa babu ƙwallo, akwai wani ɗan faifan baƙar roba mai tauri wanda ake daskarar da shi kafin a fara, nauyinsa bai wuce giram 170 ba. Ana bugunsa da sanda, kowa yana tsaye kan takalmi mai reza a ƙasa. Aikin ɗan baya shi ne ya tare mai tahowa a guje, yana sulu da baya yana fuskantarsa, ya matse shi jikin katangar fili, in kuma an ɗirko faifan zuwa raga ya kwanta ya tare da jikinsa. Eh, da jikinsa. Ku da kuke kare fuska da hannu biyu in an jera ku a bango za a buga firikik, ku yi shiru a nan. Masu zura faifai a raga su ake tafa wa, shi kuwa ɗan baya sai dai ya koma gida da kumburi.

Saboda tsawonsa sai da hukumar gasar da yake bugawa, wato NHL, ta ba shi izini na musamman ya riƙe sandar da ta fi ta sauran tsawo. Ɗan gaba zai taho yana ganin fili a buɗe, kafin ya ankara sanda ta zo daga wata unguwa ta ɗauke faifan. Daga New York ya koma Ottawa a Kanada, a 2006 kuma Boston Bruins ta ɗauko shi ta ɗaura masa kambun kyaftin. A 2009 aka ba shi kyautar gwarzon ɗan baya na shekara. A 2011 ya ɗaga kofin gasar, wato kofin Stanley, wanda rabon Boston da shi tun 1972, bayan sun doke Vancouver a wasa na bakwai. Mutanen Vancouver da kuke ɗauka masu sanyin hali ne, a daren nan motoci suka ƙone a titi don baƙin ciki. Ashe ba 'yan gidan kallon ƙwallo ne kaɗai ke haukacewa ba.

A 2012 aka auna ƙarfin bugunsa, faifan ya tafi da gudun kilomita 175 a awa ɗaya. Mai shakka ya tsaya a gaban wannan in ya isa.

Amma abin da ya sa nake girmama mutumin nan ya faru ne a watan Yunin 2019, yana da shekara 42. Ana wasan ƙarshe na cin kofi da St. Louis, faifai ya taɓa sandarsa ya tashi ya same shi a fuska, muƙamuƙinsa ya karye. Aka yi masa aiki, aka sa ƙarafa da waya. Magana ma ta gagare shi, sai dai ya rubuta wa 'yan jarida amsa a rubuce. Bayan kwana uku ga shi a fili da wata garkuwa a haɓa, 'yan kallo suka miƙe tsaye suna tafi. Na san abin da za ku ce, "To ina hankalin dogon a nan?" Wallahi ni ma na yi wannan tambayar, kuma ba zan ba kowa shawara ya kwaikwaye shi ba. Kofin ma bai samu ba, St. Louis ce ta ɗauka. Sai dai ku da ciwon haƙori ke kwantarwa kwana biyu ba ku ne za ku yi masa hisabi ba.

Hankalin kuwa akwai shi. Yana jin harsuna kusan bakwai, a 2008 ya zo Afirka ya hau dutsen Kilimanjaro don tara kuɗin taimakon yara. Ya ajiye sanda a 2022 yana da shekara 45, bayan kaka 24 da wasa 1,680, babu ɗan bayan da ya taɓa buga adadin nan a tarihin gasar. Maimakon ya zauna ya yi tumbi, a 2023 ya shiga gudun famfalaƙi na Boston, kilomita 42, ya gama a ƙasa da awa huɗu.

Abokina mai kular zoɓo, na aiko maka da bidiyon bugun nan na 2012 a waya. Ka kalla, in ka ga faifan da idonka kafin ya shiga raga, kuɗin data a wuyana.