Taubashi, Wannan Faifan da Kai Yake

Oakland, Amurka

Zuwa ga taubashina ɗan mace,

Ka durƙusa har ƙasa ka gaishe mini da Gwaggo, ban yarda da gaisuwar tsaye ba.

Labari ya iso mini cewa ka bar dillancin shanu a kasuwar Laraba ta Pataskum ka koma dillancin filaye, har ka yi jakar hammata da wayoyi biyu. An ce yanzu ko ta'aziyya ka shiga a unguwar Dogo Tebo, bakinka na "Allah ya jiƙan rai", idonka na auna shago nawa zauren zai bayar. Barka da arziki!

To gyara zama, domin wani mawaƙin garin nan ya yi faifai sukutum a kan irinku. Ana ce masa Fantastic Negrito, faifan kuma The Last Days of Oakland, ya fito a 2016, ya ci kyautar Grammy a 2017. Kiɗan bulus ne, wanda baƙaƙen Amurka suka taso da shi daga gonakin audugar kudu, an haɗa shi da jita mai lantarki da ganguna. Ka ɗauka kuntigin Ɗan Maraya ne aka jona wa janareta. Mutumin nan ya sha wuya: hatsarin mota a 1999 ya kwantar da shi makonni bai san inda yake ba, ya nakasa masa hannu, daga baya ya dawo yana kiɗa a bakin titi.

Kukansa na kuɗin haya ne. A 1980 kusan rabin mutanen Oakland baƙaƙe ne, kuma a nan aka kafa ƙungiyar Black Panther a 1966. Da kamfanonin kwamfuta suka cika San Faransisko da kuɗi, ma'aikatansu suka tsallako gada neman gida mai sauƙi, masu gidaje suka ninka haya. Kafin 2010 baƙaƙe ba su kai kashi 30 cikin 100 ba. A hanyata ta zuwa aiki ina wuce tantuna a ƙarƙashin gadar sama; akwai wata dattijuwa da ke share ƙofar tantinta kowace safiya, ta jera tukwanen fure biyu. Can gaba kaɗan ana sayar da kofin gahawa ɗaya a kuɗin da zai yi wa gidanku cefane. Akwai waƙa a faifan mai suna Working Poor, a kan wanda ke aiki dare da rana amma bai tsira daga talauci ba. Duk sanda na sa ta sai na tuna yaran mota da 'yan dako na tashar tireloli.

Abin da ke cina shi ne, Pataskum ma ta canja, kuma wa ya waƙe ta? Mun ga harin kasuwar shanu a 2012, mun ga hana acaɓa da shigowar Keke, mun ga 'yan gudun hijira sun cika unguwanni, gonakin gero na hanyar Kano da ta Damaturu sun zama fulotai. Wannan bai isa faifai ba? Amma mawaƙanmu sai lokacin zaɓe ya ƙarato a ji su, kowa da gwaninsa. Ga Mdou Moctar nan maƙwabcinmu na Nijar, da jitarsa ya fitar da Afrique Victime a 2021, yana faɗa wa Faransa gaskiya, ana cika zaure a nan don a saurare shi. Ina so in ji yaron unguwar Yindiski ya ɗauki garaya ya yi mana ta haya da ta ruwan famfo, da Hausa ko Bolanci ko Ngizimanci ko Karekare. Idan ka san mai iyawa, kuɗin situdiyo a wuyana, amma baiti guda naka ne, da jakar hammatar da komai.

Zan turo maka waƙoƙin ta WhatsApp. Gidan Kaka kuma ko da wasa kar ka kai tef ɗin awonka can, na sa Gwaggo ta ajiye muciya a bayan ƙofa. Kuɗin shararka na cika-ciki yana tafe, a cire na kilishin da ka yi mini alkawari.

Naka,
Ubangidanka ɗan namiji