Inda hamsin da hamsin ke zama tamanin

Sojan Amurka da ya ajiye kaki da ciwo a jikinsa yana da ofisoshi biyu da zai kai kukansa. Na farko shi ne Ma'aikatar Kula da 'Yan Mazan Jiya, wadda kowa a can ke kira VA. Na biyu shi ne hukumar fansho da tallafin jama'a, SSA, mai hedikwata kusa da Baltimore a jihar Maryland. Gwamnati ɗaya ce ke da su, kuma mutumin da ke zuwa gabansu jiki ɗaya gare shi. Amma kowane ofis da tambayarsa. VA tana so ta san abin da aikin soja ya rage wa mutum. SSA kuwa abin da ya dame ta shi ne ko zai iya yin aikin da zai ci abinci da shi. Don haka a rana ɗaya mutum yana iya riƙe da takardu biyu masu hatimin gwamnati, ɗaya ta ce ya nakasa ɗari bisa ɗari, ɗayar ta ce bai nakasa ba, kuma a doka babu wadda ta yi kuskure.

Mu fara da lissafin VA, domin sai an zauna da kyau kafin ya shiga kai. Ma'aikatar tana ɗaukar lafiyayyen mutum a matsayin 100 cif. A ce wani saje ya dawo da ciwon baya, aka auna aka ba shi kashi 50. Saura 50 ke nan na mutum. Yana kuma da firgicin da yaƙi ke bari a zuciya, shi ma aka ba shi kashi 50. Wannan hamsin ta biyu ba daga ɗarin farko za a cire ta ba, daga abin da ya rage za a cire, wato rabin 50, wanda shi ne 25. An samu 75. Da yake ma'aikatar ba ta biya sai goma-goma, sai a ɗaga shi zuwa 80.

Idan sajen yana jin ƙara a kunne dare da rana saboda harbin igwa, wannan kashi 10 ne. Kunne ɗaya 10, kunne biyu ma 10. Za a ɗauki goma cikin ɗari na 25 ɗin da ya rage masa a ƙara, sai ya tashi kusan 78, a mayar da shi 80, inda yake tun da fari. Wanda ya tsaya a 90 daidai kuma, idan sabon ciwo mai kashi 10 ya same shi, ya zama 91, a sauko da shi 90. Daga 90 daidai, kafin ya kai 95 da za a cika masa ɗari, sai sabon ciwon, idan guda ɗaya ne, ya kai kashi 50. Matakin nan na ƙarshe kuwa shi ne mai tsoka: a 2025, wanda ba shi da iyali yana karɓar kusan dala 2,298 a wata idan yana 90, amma dala 3,831 idan yana 100.

Akwai kuma kashi sifili. Ma'aikatar ta amince cewa ciwon yana nan, ta amince aikin soja ne ya jawo shi, ta rubuta, ta sa hannu, ba ta biya ko sisi. Kada a raina wannan takarda, domin da ita ake samun maganin ciwon a asibitocin VA, da ita kuma ake komawa neman ƙari idan ya tsananta.

Kuɗin VA diyya ce, ba a cire mata haraji, ba a kuma duba abin da mutum ya mallaka. Mai kashi 100 ta hanyar wannan lissafi yana iya zama malamin makaranta ko direban babbar mota, ya ci albashinsa cikakke, diyyarsa na shigowa kowane wata.

Da takardar VA a hannu sai sojan ya nufi SSA. A nan babu kashi-kashi, ko dai ka nakasa ko ba ka nakasa ba. Sharaɗin shi ne ciwon ya hana ka aikin samun kuɗi, kuma ya zama ya kai wata 12, ko ana sa ran zai kai, ko zai zama ajali. Idan kana aiki kana samun sama da dala 1,620 a wata, a ma'aunin 2025, magana ta ƙare tun kafin a buɗe fayil ɗin asibitinka. Takardar VA fa? Daga 27 ga Maris, 2017, ƙa'idar SSA ta ce ba dole ba ne jami'inta ya yi ko da sharhi a kan hukuncin da wata hukumar gwamnati ta yanke. Zai karanta rahotannin likitocin VA, amma adadin da VA ta rubuta bai ɗaure shi ba. Abin da kashi 100 na dindindin ke saya wa mutum tun 2014 shi ne a sa fayil ɗinsa gaban layi. Amsar za ta zo da wuri, ko e ce ko a'a.

Mataki na ƙarshe a binciken SSA shi ne ko akwai wani aiki a faɗin ƙasar da mutumin zai iya. Doka ta fayyace cewa ba sai aikin yana garinsu ba, ba sai akwai gurbi ba, ba sai kuma an tabbatar za a ɗauke shi ba. Kundin sana'o'in da hukumar ta daɗe tana dogara da shi, rabonsa da gyara tun 1991. A cikinsa akwai mai tsince ɓatacciyar gyaɗa da danginta a masana'anta, akwai mai rubuta adireshi a bayan ambulan. An sha hana mutane tallafi a kan cewa za su iya irin waɗannan.

Idan mutum ya tsallake duk wannan, tallafin iri biyu ne, kuma a nan rabon 'yan mazan jiya ke rabuwa. Na farko, SSDI, wanda aka kafa a 1956, inshora ce ta wanda ya yi aiki aka cire masa harajinta, kuma tun 1957 albashin soja yana cikin lissafi. Wanda ya cancanta zai karɓi SSDI cikakke da diyyar VA cikakkiya, babu wadda ke taɓa wata. Zai dai jira wata biyar kafin kuɗi su fara, sannan wata 24 kafin inshorar lafiya ta Medicare ta buɗe masa. Tarkon da ke ciki shi ne lokaci. Ga wanda ya kai shekara 31, sai ya zama ya yi aikin shekara biyar cikin goman da suka gabaci nakasar. Sojan da ya bar aiki ya zauna yana fama da VA shekara da shekaru, yana cewa bari ya gama da ofis ɗaya kafin ya je na biyu, yana iya isa ya tarar inshorarsa ta ƙare, sai ya koma neman tsofaffin takardun da za su nuna ya nakasa tun kafin ranar ƙarewar. Duk wanda ke da ɗan'uwa a wannan hali ya gaya masa ya shigar da takardun biyu tare.

Na biyu, SSI, wanda aka fara biya a 1974, na talaka ne da ba shi da isasshen tarihin aiki. A 2025 mafi yawan abin da gwamnatin tarayya ke bai wa mutum ɗaya dala 967 ne a wata. A nan diyyar VA kuɗin shiga ce. Ana yafe dala 20 ta farko, sauran kuma a cire dala da dala. A ma'aunin 2025, mai kashi 10 yana samun dala 175.51 daga VA, sai SSI ta ba shi 811.49, jimla 987. Mai kashi 40 yana samun 774.16, sai SSI ta ba shi 212.84, jimla 987. Tulu ne mai huji a wuya, duk ruwan da aka zuba ya wuce hujin ƙasa zai bi. Mai kashi 50, da dala 1,102 tasa, ya fita daga SSI gaba ɗaya.

Wannan ɓangaren ne ba na iya yarda da shi. Wanda ya samu aiki bayan soja, ya tara shekarunsa, an bar masa diyyarsa ba a taɓa ba. Wanda ciwon ya kayar tun da wuri har ya kasa riƙe aiki, shi ne aka kwashe wa tasa in ban da dala 20, alhali gwiwar da ya rasa da barcin da ya ƙaurace masa irin na wancan ne. Ga kuma iyakar dukiya: mai karɓar SSI ba zai mallaki fiye da dala 2,000 ba, ban da gidan da yake ciki da mota ɗaya, adadin da ba a sauya ba tun 1989. Idan VA ta jinkirta shari'arsa shekara biyu sannan ta biya shi bashin a dunƙule, kuɗin da suka kwana a asusunsa zuwa wata na gaba suna iya tsallake iyakar, a tsayar da tallafin sai ya kashe su.

Ba shi kuma da damar ya ce ya haƙura da diyyar don ya huta da cike takardu. Dokar SSI ta wajabta wa mai nema ya nemi duk wani haƙƙin da yake da shi a wani ofis. Idan SSA ta rubuto masa cewa ya je ya nemi na VA, kwana 30 gare shi. In ya je aka ba shi, a cire daga tallafinsa. In bai je ba, a dakatar da tallafin.